Auren da ke mutuwa a ɗaki, a kai ƙararsa kan kuɗin cefane

Baba_Mai_Sulhu:
Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Ina da magana, kuma na san wasu za su ce tsoho ya zubar da girma. Ina cikin dattawan da mai unguwarmu ke kira idan rigimar aure ta taso, kafin a kai ga alƙali. Abin da na lura da shi shi ne, aure da yawa a ɗaki yake mutuwa, amma idan an zo gabanmu sai a ce kuɗin cefane ne, ko ta raina uwarsa, ko ba ya ɗinka mata kayan sallah. Sai an sallami jama'a, an bar wata dattijuwa da matar, ni kuma na ja mijin gefe, sannan gaskiya take fitowa. Ita ta ce ya ƙaurace mata wata da watanni, ko kuwa in ya zo ba magana ba wasa, ya gama ya juya. Shi kuma ya ce kullum ta ba shi baya, ta ce ta gaji. Kowannensu ya riga ya yanke cewa an daina son sa.

Tambayata biyu ce. Idan sha'awa ta yi sanyi tsakanin miji da mata, so ne ya ƙare? Sannan wa ya kamata ya koya wa yaranmu wannan ilimi kafin a ɗaura, tunda mu iyaye kunya ta ɗaure mana baki?

Admin_Zaure:
Wa alaikumus salam Baba. An buɗe fili. Ba batsa, ba kama sunan kowa, ba tallar magani. Duk wanda ya saka lambar waya zan goge.

Uwargida_Ran_Gida:
Allah ya ƙara girma Baba, ka sosa mana inda yake ƙaiƙayi. Ranar da za a kai ni, gwaggona ta zaunar da ni, nasihar duka ba ta wuce "yi na yi, bari na bari" da "aure haƙuri ne" ba. Aka lulluɓe ni aka kai. Abokan ango suka zo sayen baki, aka ajiye ledar kaza, aka yi addu'a aka watse, aka bar ni da mutumin da ban taɓa zama da shi mu biyu a ɗaki ba. Shi ma ashe ba wanda ya gaya masa komai sai abokai, su kuwa abin da ke bakinsu rabi cika baki ne. An koya min tuƙa tuwo tun ina 'yar shekara goma, amma wannan ɓangaren ba wanda ya ce min uffan.

Dan_Dala_77:
A faɗi gaskiya komai ɗacinta. Matanmu ne ke kashe abin. Lokacin zance ka zo ka tarar da ita ta sha kwalliya, ƙamshi tun daga soro. Wata shida da tarewa sai ɗaurin ƙirji da hular da ta kwana uku a kai. Kwalliya sai za a gidan biki, a yi wa mata 'yan'uwa. To namiji da ido yake fara so. Idan ya ƙaro aure kuma a ce ya ci amana.

Bazawara_Mai_Aji:
Malam Dan_Dala, lokacin zancen kai ma da wace shiga kake zuwa? Shadda ta sha guga, turare, ka zauna awa biyu kana sauraron duk shirmen da ta faɗa kana dariya. Yanzu fa? Daga kasuwa sai majalisa har sha ɗayan dare, ka shigo ka ci tuwo ido na kan waya, ko sannu da gida babu. Ita kuwa tun asuba take tsaye: wanki, girki, shirya yara makaranta, hidimar surukai. Sai ta kwanta ƙashinta na ciwo sannan za ka miƙo hannu. Ta ina sha'awar za ta fito? Ni aurena na fari a kan haka ya mutu, kuma a gaban iyaye cewa aka yi ba na jin magana.

Dan_Dala_77:
Hajiya ai neman abincin naku ne ya hana mu zama.

Bazawara_Mai_Aji:
A majalisar ake rabon shinkafar?

Nas_Talatu:
Ku ɗan tsaya, akwai abin da ba laifin kowa ba ne. Ina aiki a ɓangaren awo da haihuwa, kuma kullum sai na ji wannan kuka. Mace mai shayarwa jikinta na samar da sinadarin firolaktin da yawa, shi ne mai kawo ruwan nono. Idan ya hau, sinadarin istrojin yana sauka. Sakamakon haka sha'awa na raguwa, gaba na bushewa, kusanta ta koma zafi. Ku haɗa da rashin barci, da ɗinkin da aka yi wa wasu wajen haihuwa. Mu kuma nan ana shayarwa shekara ɗaya da rabi zuwa biyu, kafin a yaye wani cikin ya shiga. Ke nan akwai matar da za ta yi shekara goma ba ta fita daga wannan zagaye ba. Mijin yana ganin ta tsane shi, ita tana ganin an yi mata asiri ko ta kamu da sanyi. Alhali man shafawa mai ruwa-ruwa da ake sayarwa a kantin magani, da haƙuri, da barin ta ta yi barci, sun isa su warware rabin matsalar. Irin wannan bushewar tana dawowa idan mace ta kai shekarun ɗaukewar al'ada, wajen arba'in da biyar zuwa hamsin da biyar, kuma nan ma akwai magani a asibiti.

Malam_Na_Zaure:
Bismillah. Baba, kunyar da kake magana a kai ta al'ada ce, addini bai ɗora mana ita ba. Nana A'isha, Allah ya ƙara mata yarda, ta yabi matan Ansar da cewa kunya ba ta hana su neman fahimtar addini ba. Ummu Sulaim ta je gaban Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ta tambaye shi ko mace za ta yi wanka idan ta yi mafarki, ya ba ta amsa bai kore ta ba. A Bukhari akwai ƙissar Salman da Abu Darda'i. Salman ya kai ziyara ya tarar da Ummu Darda'i, matar Abu Darda'i, ba gyara ba ado, ya tambaye ta, ta ce ɗan'uwanka ba shi da buƙatar duniya. Abu Darda'i mutum ne mai azumi da rana, tsayuwa da dare. Salman ya sa shi ya karya azumin nafilar, ya sa shi ya kwanta, ya gaya masa iyalinka suna da haƙƙi a kanka. Da labari ya je wa Annabi sai ya ce Salman ya yi gaskiya. Dan_Dala, lura da kyau: da aka ga matar ba ado, mijin aka bincika.

Kuma a Risala da muke karantawa a zaure, mijin da ya kasa kusantar matarsa ana ba shi shekara guda ya nemi magani, in bai samu ba tana da zaɓin rabuwa. Wanda ya rantse ba zai kusance ta ba, Alƙur'ani ya yanka masa wata huɗu a Baƙara aya ta 226. Shari'a ta ɗauki wannan haƙƙin mace ne kamar ci da sha. Mu ne muke koya wa yaro farillan wankan janaba tun yana ɗan shekara goma sha biyu, amma mu bar shi ya yi aure bai san yadda ake tausasa wa mace ba.

'Yar_Sakkwato:
To ai shi ya sa mu nan ba mu wasa da hakin maye. Tun kakanninmu munka iske shi. Ba a kai ɗiya ɗaki sai an yi mata gumba, an dafa mata kazar amare, ta sha tsimi. Kuma wadda ka haɗa mata ita ka gaya mata abin da uwa ba ta iya faɗi. Kowa ya ce ba ya aiki bai samu na ƙwarai ba.

Nas_Talatu:
'Yar'uwa, ba zan yi miki musu a kan na ci ba. Dabino, aya, kwakwa, riɗi, zuma, nono, kaza, duk abinci ne mai gina jiki, kuma macen da ta ƙoshi ta huta ta ji ana tattalinta dole ta ji canji. Rigimata da na matsi ne. Gaban mace yana da ɗan tsami na halitta da wasu ƙwayoyin halitta masu amfani da ke tsare shi daga cuta. Idan aka cusa kanwa, ko garin da ba a san abin da aka daka ba, ko aka dinga wanke ciki da sabulu, sai a kashe masu gadin. Daga nan sai ƙaiƙayi, wari, ƙuna. Wasu magungunan busar da wajen suke yi ya kumbura, a ce an "matse", alhali rauni ne, kuma ta wannan raunin cuta ta fi saurin shiga. Sai matar ta koma wajen mai maganin ta ce tana da sanyi, a sake sayar mata da wani ƙullin. Na ga amaryar da ba ta yi wata guda a ɗaki ba aka kawo ta ba ta iya zama sosai a kujera.

Hajja_Gadarif:
Gaisuwa daga Sudan. Mu Hausawan nan mun tashi mun ga dukhan da dilka, irin waɗanda kuke saye ta hanyar Chadi da Maiduguri. Rami ne ake haƙawa, a sa icen ɗalha, mace ta shafa mai ta lulluɓa ta zauna hayaƙin na ratsa ta. Budurwa ba ta yin sa sai aurenta ya matso. Amma abin da ba ya zuwa muku cikin kwalba shi ne zaman. Amarya na yin makonni a hannun manyan mata, ba ta aikin komai, ana gyara ta ana hira da ita, tana tambaya ana ba ta amsa. Ku kun ɗauki hayaƙin kun bar hirar.

Abu_Safwan:
Ana ta maganar mata, bari in tona namu. Ina tsaron kantin magani. Bayan isha'i maza ke zuwa, su jira kowa ya fita, su rage murya. Wasu Viagra suke nema ko 'yan'uwansa, wasu tiramol wai don su daɗe. Ga abin da ya kamata a sani. Sinadarin sildenafil da ke cikin Viagra kamfanin Pfizer ya fara gwada shi ne don ciwon ƙirji na zuciya, aka amince da shi a Amurka a 1998 don raunin gaba. Ba ya kawo sha'awa, hanyoyin jini kawai yake buɗewa. Wanda ke shan maganin zuciya irin na naitiret, idan ya haɗa da shi jininsa na iya faɗuwa warwas, har a rasa rai. Mai sikila kuma yana cikin haɗarin gaba ta miƙe ta ƙi kwanciya, in ta wuce awa huɗu a haka sai asibiti da gaggawa. Sannan yawancin 'yan kwalaben da ake cewa "haɗin gargajiya ne zalla", ba wanda ya san abin da aka zuba, kuma hukumar kula da abinci da magunguna, NAFDAC, ta sha gargaɗi a kan irinsu.

Babban abin takaici, mutum ya kai shekara arba'in da biyar, ƙarfinsa ya ragu, sai mai lasifika a bakin kasuwa ya ce masa basir ne ko sanyin mara. Ya yi shekara yana shan jiƙo. Alhali sau da yawa ciwon suga ne ko hawan jini ke cin jijiyoyinsa, kuma raunin gaba na iya zama alamar farko tun kafin zuciya ta nuna. Shi kuma don kada matarsa ta gane, sai ya tsiri faɗa da daddare, ko ya daɗe a waje har ta yi barci. Baba, ina jin irinsu na cikin masu zuwa gabanka da zancen gishirin miya.

Baba_Mai_Sulhu:
Suna ciki ɗana. Akwai wanda ya saki mata biyu a jere yana cewa ba su iya komai ba, ta ukun ce ta ja shi asibiti.

Gwauron_Birni:
Mu da ba mu shiga ba kuna ta tsorata mu 😂 Amma da gaske ina da tambaya. Akwai yarinyar da iyayena suka nuna min, hankali, addini, asali, ba abin kushewa. Sai dai in na zauna da ita zuciyata shiru. Akwai wata kuma da ko saƙonta na gani sai gabana ya faɗi, amma kullum cikin rigima muke. Wace zan ɗauka?

Dalibar_Halayya:
Yaya Gwauro, tambayarka da ta Baba ta farko tushensu ɗaya. Wata masaniya 'yar Amurka, Helen Fisher, ta raba abin da muke tarawa mu kira so zuwa kashi uku, kowanne da hanyarsa a ƙwaƙwalwa. Akwai sha'awar jiki, wadda sinadarin testosteron ke da hannu a ciki ga maza da mata duka. Akwai kamuwa da mutum ɗaya tak, irin wadda ke hana barci da cin abinci. Ita da abokan aikinta sun ɗauki hoton ƙwaƙwalwar masu sabuwar soyayya, a rahoton da suka fitar a 2005, suka ga sassan da ke aiki da sinadarin dofamin ne ke kunnuwa idan an nuna musu hoton masoyi. Sai na uku, shaƙuwa, natsuwar da kake ji kusa da wanda kuka daɗe tare, wadda ake dangantawa da sinadarin oksitosin. Faɗuwar gaban nan da kake ji kashi na biyu ne, kuma ga yawancin mutane yana lafawa da tafiyar lokaci, ko da wa ka aura. Matsalar ita ce mutum ya ga ta lafa sai ya ce so ya ƙare, ya fita neman wadda za ta sake faɗar masa da gaba.

Abu na biyu ya fi shafar abin da Anti Bazawara ta faɗa. Wata likita a Kanada, Rosemary Basson, ta bayyana a shekarar 2000 cewa mata da yawa, musamman waɗanda suka daɗe a aure, sha'awa ba ta faɗo musu haka kawai. Sai an fara kusanci, an yi hira, an yi wasa, hankali ya kwanta, sannan take tasowa. Miji yana jiran ya ga ta neme shi kamar yadda shi yake ji, in bai gani ba ya ce ba ta son sa. Ita ma tana jiran ta ji abin tun kafin a fara, in ba ta ji ba ta ce ba ta da lafiya, ta tafi sayen tsimi. Lafiyarta ƙalau, tsarin ne ya bambanta. Akwai mazan da su ma haka suke.

Dan_Dala_77:
Yanzu kuma Turawa ne za su koya mana aure? Su da ba su ɗauki zina a bakin komai ba?

Dalibar_Halayya:
Yaya, awon suga ma su suka ƙirƙiro, ba mu ƙi ba. Jiki suka bincika, ba hukunci suka ba mu ba.

Malam_Na_Zaure:
Abin da ɗalibar nan ta faɗa bai saɓa wa abin da muka karanta ba. Malamai sun daɗe suna cewa wasa da tausasawa kafin kusanta na cikin ladubban aure, kuma kada miji ya yi gaggawar tashi kafin ita ma ta biya buƙatarta. Gwauro kuma, kada ka raina shirun zuciya. Mugira ɗan Shu'uba ya nemi aure, Annabi ya ce masa je ka ka gan ta, domin hakan ya fi sa ku daidaita. Matar Sabitu ɗan Ƙaisu ta zo ta ce ba ta zarginsa a hali ko addini, amma ba za ta iya zama da shi ba. Annabi ya ce za ki mayar masa da gonarsa da ya ba ki sadaki? Ta ce e, aka raba. Barira kuwa, da ta zaɓi rabuwa da mijinta Mugisu, yana bin ta a titunan Madina hawaye na zuba a gemunsa, Annabi da kansa ya sa baki, ta ce umarni kake ba ni? Ya ce ceto nake yi. Ta ce ba ta da buƙatarsa, kuma ba a tilasta ta ba. Ban ce ka ɗauki mai rigima ba. Na ce ka ƙara zama da ta farkon a gaban muharraminta, ka ga ko zuciyar za ta motsa. In ƙyama kake ji, kada ka cuci 'yar mutane don faranta wa iyaye.

Gwauron_Birni:
Allah ya gafarta Malam, ba ƙyama ba ce, kawai dai ba wutar.

Uwargida_Ran_Gida:
Ƙanena, wutar nan mu da muka aure ta mun ga tokarta. Amma kuma na san waɗanda aka haɗa ba so, yau shekara ashirin ba a jin kansu, na san waɗanda aka haɗa yarinyar ta gudu sau uku. Ba a yi wa wannan abu ƙa'ida ɗaya.

Maman_Grace_Jos:
Ni Kirista ce, ina bin zauren nan da daɗewa. A kan tambaya ta biyu ta Baba: a yawancin ikilisiyoyinmu ba a ɗaura aure sai an yi wa saurayi da budurwa zaman shawara na makonni, wani wurin watanni. Ana maganar kuɗi, dangi, haihuwa, da zaman ɗaki, ana karanta 1 Korintiyawa sura 7 inda aka ce miji ya ba matarsa hakkinta, matar ma haka, kada su hana juna sai da yardar juna na ɗan lokaci. Ba zan ce yana hana mutuwar aure ba, mu ma muna da namu. Wani faston ma kunya ke kama shi ya tsallake babin. Inda ya fi armashi shi ne inda aka haɗa su da ma'auratan da suka manyanta, da wata nas.

Dan_Maradi:
Salamu alaikum daga Maraɗi. Nan ma haka abin yake. Mace ta tara jika goma ta kai ma mai kayan mata, amma jika guda ta ganin lokotoro ta yi mata yawa. Ni abin da nike gani ya ɓata samari shi ne salula. Yaro ya shekara biyar yana kallon finafinan batsa a ɓoye, ya ɗauka haka abin yake. Bai san shiri ne da ƙwayoyi da yankan hoto ba. Ya yi aure ya ga jikinsa da na matarsa ba haka ba, sai ya raina kansa ko ya raina ta. To in uba bai yi magana ba, malam bai yi ba, wannan malamin na cikin aljihu yana nan yana karantarwa kullum dare.

Admin_Zaure:
Wata 'yar'uwa ta turo min wannan ta akwatin sirri, ta ce a ɓoye sunanta:

"Wata huɗu da aurena amma har yau abin ya gagara. Da ya matso sai jikina ya ɗaure, zafi kamar ana yanka ni. Ina son mijina wallahi, shi ma yana haƙuri, amma danginsa sun fara magana. Kakata ta ce gishiri ne ko angurya, za a kira wanzami ya cire. Wasu sun ce aljani ne ya aure ni. Ku ba ni shawara."

Nas_Talatu:
'Yar'uwa, don girman Allah kada ki bari a sa miki aska. Yankan gishiri na cikin abubuwan da ke jawo yoyon fitsari, domin mafitsara na jingine da wurin da ake yankawa, kuskure kaɗan an huda ta. Cibiyar Babbar Ruga a Katsina da sashen masu yoyon fitsari na asibitin Murtala a Kano sun karɓi mata da yawa da suka zo ta wannan hanya, ban da waɗanda doguwar naƙuda ta kawo. Dokar tarayya ta 2015 ma ta haramta yi wa mata irin wannan yanka.

Abin da kika kwatanta ya yi kama da wata lalura sananniya: tsokokin bakin gaba ne ke ɗaurewa da kansu ba da nufinki ba, kamar yadda ido ke rufewa idan an kawo masa yatsa. Tsoro ne ke yawan haddasa ta, irin labaran daren farko da ƙawaye ke bayarwa, ko wani abu da ya taɓa faruwa da mutum, ko gwajin farko da aka yi da ƙarfi. Kowane gwaji mai zafi kuma ƙara ɗaure wurin yake. Ana warkewa sarai. Ki je wajen likitar mata ta duba ko akwai wani dalili na daban, domin wani lokaci ƙwayar cuta ce ko fatar budurci mai kauri, wanda aikinsa ƙarami ne a asibiti. In ɗaurewar tsoka ce za a koya miki motsa jiki da sassautawa mataki-mataki. Ku je tare da maigidan, kuma ku dakata da gwadawa har a gan ku.

Malam_Na_Zaure:
Ta yi addu'a da azkar, ba mai hana ta, amma ta je asibitin. Kuma dangin miji ba su da hurumi a wannan magana. Ta ina ma suka ji? Hadisi ya zo a Muslim cewa cikin mafi sharrin mutane ranar ƙiyama akwai mutumin da zai kaɗaita da matarsa sannan ya fita yana yaɗa sirrinta. Gaya wa likita ko malami don neman mafita daban, zama a tsakar gida ana tattaunawa daban.

Kaka_Ta_Gari:
Ni jikata ce ke rubuta min. Kuna ta zagin zamanin da. Mu a lokacinmu ba a wannan surutun kuma aure na daɗewa. Kunya ado ce. Yanzu yarinya ta buɗe baki ta ce wa miji ga abin da take so, ai sai ya ce a ina ta koya.

Bazawara_Mai_Aji:
Kaka, ranki ya daɗe, maganarki ta ƙarshe ita ce ciwon. In ta yi shiru a ce gunki ce, in ta yi magana a ce 'yar duniya ce. Akwai wadda aka mayar gida washegarin tarewa don ba a ga jini ba.

Nas_Talatu:
Wannan ma zalunci ne da rashin sani ke jawowa. Mata da yawa ba sa zubar da jini a karon farko, domin fatar ta bambanta daga mace zuwa mace, ta wasu tana da laushi tana buɗewa ba tare da ta yage ba. Likita ma ba zai duba ya rantse a kan budurci ba, Hukumar Lafiya ta Duniya ta faɗi haka a 2018. Jini mai yawa a daren farko galibi alamar an ji wa yarinya rauni ne.

Dan_Dala_77:
To ni dai har yanzu ina kan bakata, ƙarin aure na gyara uwargida. Da an ce za a yi mata kishiya sai ka ga kwalliya ta dawo.

Uwargida_Ran_Gida:
Ta dawo don tsoro, ba don kai ba. Daga nan ne ake fara bilicin da shan sha-ka-fashe da bin 'yan tsibbu, kuɗin da za a yi wa yara hidima ya tafi can. Aure halal ne, ka ƙara in kana da hali da adalci. Amma wanda bai iya da ɗaya ba, in ya ƙara, mata biyu zai bari da ƙishi. Shekara biyu amaryar ma ta haihu ta shiga layin da Nas Talatu ta faɗa.

Abu_Safwan:
A kan wa zai koyar: tun 2024 Kano ta yi dokar gwajin lafiya kafin aure, ana duba ƙanjamau, ciwon hanta da rukunin jini na sikila. Tunda dole saurayi da budurwa su je asibiti, me zai hana a haɗa da zama ɗaya ko biyu, mata da nas da malama, maza da likita da malami? A Malesiya Musulmi ba ya yin auren fari sai ya halarci kwas ya karɓi takarda.

'Yar_Sakkwato:
Takarda dai? Nan ƙasar? Sati guda za a fara sayar da ita bakin asibiti. Ni na fi yarda da tsohuwa guda mai hankali cikin dangi. Nana Asma'u ba da takarda ta karantar da mata ba, jajis, malamai matan da ta horar, ta tura ƙauye-ƙauye.

Baba_Mai_Sulhu:
Na karanta duka, Allah ya yi muku albarka. 'Yata ta Sakkwato, tsohuwar ita ce ta yi ƙaranci, waɗanda suka rage kuma wasu su ne masu kiran wanzami. Sannan duk maganarku a kan amarya take. Ango fa? Ni ban taɓa ganin an zaunar da ango ba, sai dai a ba shi ƙullin gagai ana dariya. Ina da ɗa da zai yi aure bayan sallah, kuma ga ni ina yi wa mutane sulhu, amma na rasa ta inda zan fara da shi.

Maman_Grace_Jos:
Baba, ba lallai kai ba. Ƙaninka ko wani abokinka da yake sakewa da shi.

Malam_Na_Zaure:
Ko ka turo min shi, mu buɗe babin a littafi. Idan ana karantawa daga takarda kunya na raguwa.

Kaka_Ta_Gari:
Ku dai ku bi a hankali, kada garin gyaran gira a rasa ido.

Dan_Dala_77:
Abu_Safwan, wani abokina ne ke tambaya. Awon ciwon sugan nan da ka ce, kafin a karya ake yi ko ko yaushe? Kuma in an ga shi ne, ƙarfin na dawowa?

Abu_Safwan:
Ya je da safe bai ci komai ba tun daren jiya, ruwa kawai. A auna masa hawan jini a lokaci guda. In an kama da wuri, aka daidaita sugan, ya rage teɓa, ya bar sigari in yana sha, da yawa suna samun sauƙi. Kuma ya gaya wa likitan ainihin abin da ya kawo shi, kada ya tsaya cewa ciwon baya. In yana shan maganin hawan jini ya faɗi sunansa, domin wasu na rage ƙarfi kuma ana iya canza masa, amma kada ya daina sha da kansa.

Bazawara_Mai_Aji:
Allah ya ba abokin naka lafiya, Malam Dan_Dala. Ka ce masa ya tafi da uwargidan, ita ma a duba ta.